Task da Tax: Yadda Aiki da Haraji Suka Fito Ciki Ɗaya

Idan kana aikin ofis, ko kana karatu a jami'a, ko kana cikin irin zaurukan nan na WhatsApp da ake koyar da neman kuɗi ta intanet, da wuya mako ya wuce ba ka ji an ce "ga *task* ɗinka" ba. Oga ya ba ka, malami ya ba ka, hatta wayarka tana riƙe da jerinsu tana tuna maka. Da za a ce ka fassara kalmar da Hausa, nan take za ka ce "aiki". Ba ka yi kuskure ba, amma ka baro wani abu a baya. Ai Turanci yana da *work*, yana da *job*, yana da *labour*, kuma duk aiki ne. To me ya raba *task* da su?

Amsar tana cikin wata kalma da babu mai son jin ta a ƙarshen wata, watau *tax*, haraji. Kalmomin nan biyu uwarsu ɗaya ubansu ɗaya. Idan ka bi sawunsu na shekara ɗari bakwai, za ka ga cewa *task* tun farko aiki ne da wani ya auna, ya yanka maka, ya ce sai ka cika. Kuma rigimar da ke biye da kalmar a kowane zamani ita ce: wa ke riƙe da ma'aunin?

Daga taɓawa zuwa yanke kuɗi

A harshen Latin, wanda mutanen tsohuwar daular Rum suka yi magana da shi, akwai kalmar *taxare*. Ma'anarta a duba abu a ƙiyasta darajarsa, a yi masa kuɗi. Masana harshe suna danganta ta da *tangere*, wato taɓawa. Idan ka taɓa zuwa kara ranar kasuwa, ba sai an yi maka dogon bayani ba: mai sayen rago sai ya tattaɓa gadon bayansa kafin ya taya. Daga nan aka samu *taxa*, abin da aka ƙiyasta aka ɗora wa mutum ya biya.

Wannan tushe ya yi 'ya'ya da yawa, kuma ɗaya daga cikinsu yana yawo a titunanmu. A ƙarshen ƙarni na 19 an ƙera wata na'ura a Jamus mai lissafa kuɗin mota gwargwadon nisan tafiya, aka kira ta *taximeter*, ma'aunin kuɗin da aka yanka. Aka gutsure sunan ya koma *taxi*, mu kuma muka ara muka ce tasi. Ka ga kenan tasi da *tax* da *task* 'yan gida ɗaya ne.

Harufa sun yi musayar wuri

Za ka ce, to ta yaya *taxa* ta zama *task*? Harafin *x* sauti biyu ne a haɗe, "k" da "s". Furta shi a hankali: *tak-sa*. A bakin jama'ar tsakiyar zamanin Turai sautukan biyu suka sauya wuri, *taksa* ta koma *taska*, kuma haka aka riƙa rubuta ta a takardun Latin na lokacin, *tasca*.

Wannan ba baƙon abu ba ne a harshe. Bahaushe ma yana yi kullum ba tare da ya lura ba. Wani ya ce bagaruwa, wani ya ce gabaruwa. Wani ya ce hawainiya, wani ya ce wahainiya. A Turanci ma kalmar *ask* ta daɗe tana da abokiyar tafiya, *aks*, tun zamanin tsohon Turanci, kuma har yau akwai masu furta ta haka.

Daga Latin kalmar ta shiga Faransanci, a nan ma ta rabu biyu. Mutanen arewa, yankin Nomandi da maƙwabtansa, suna cewa *tasque*. Mutanen tsakiya, wajen Paris, suna cewa *tasche*, wadda ta zama *tâche* a Faransancin yau. 'Yan uwanmu na Nijar da suka yi boko da Faransanci sun san 'yar hular nan da ke kan harafin *a*. Alama ce ta cewa a da akwai *s* a wurin, ta faɗi. Tunda kuwa Nomawa ne suka ci Ingila da yaƙi a 1066, suka mayar da harshensu harshen fada da kotu, sai Turanci ya ɗauki irin furucin arewa. A wajajen shekarar 1300 kalmar ta fara bayyana a rubutun Turanci.

A wancan lokaci tana ɗauke da ma'ana biyu a tare: kuɗin da aka ɗora wa mutum ya biya sarki ko ubangida, da kuma gwargwadon aikin da aka ɗora masa. Ma'anar haraji ba ta mutu da wuri ba. Ko a zamanin Shakespeare, a wasansa na farko kan Sarki Henry na Huɗu, an yi amfani da *task* da nufin ɗora wa ƙasa haraji.

Idan abin ya yi maka kamar almara, saurari bakinka. Da kalma ɗaya Bahaushe yake cewa an yanka masa haraji, an yanka masa tara, an yanka sadaki, an yanka masa aikin da zai yi. Duk inda aka ce "yanka", akwai mai yankawa, akwai wanda aka yanka wa.

A gonakin Ingila

Me ya sa aiki da haraji suka zauna cikin kalma ɗaya? Saboda a Ingila ta ƙarni na 13 da na 14, ga talakan ƙauye, kusan abu ɗaya ne. Manomi da ke zaune a ƙasar ubangida ba da kuɗi kaɗai yake biyan haƙƙin zama ba. Yana biya da jikinsa: kwana biyu ko uku a mako yana noma gonar ubangida, lokacin girbi kuma a ƙara masa.

A gefe guda akwai 'yan ƙwadago da ake biya. A littattafan lissafin gidajen gona da na magina za ka ga an raba aiki gida biyu: wanda ake biya da yini, da wanda aka rubuta *ad tascam*, wato gwargwadon abin da aka yi. Mai sussukar hatsi da ake biya a kan awo har suna ya samu, *tasker*. Wannan shi ne abin da mu muke kira jinga. Idan kana neman kalmar Hausa da ta fi kusa da asalin *task*, to jinga ce, ba aiki kawai ba.

Jinga tana yi wa ma'aikaci daɗi idan hannu ya yi ƙaranci. Annobar da ta shiga Ingila a 1348 ta kashe tsakanin kashi ɗaya cikin uku zuwa rabin jama'ar ƙasar. Gonaki suka rasa masu aiki, waɗanda suka tsira suka tsauwala kuɗin ƙwadago. Masu ƙasa ba su tsaya ciniki ba, sai suka garzaya majalisa. Dokar ma'aikata ta 1351 ta nemi a mayar da lada yadda yake kafin annoba, har ta ƙayyade kuɗin sussuka: kada ya wuce kwabo biyu da rabi a kan wani ma'aunin alkama da suke kira kwata, kimanin buhu biyu na yanzu, sha'ir kuma kwabo ɗaya da rabi. Ma'aunin bai canza ba, amma hukuma ta karɓe bakin ciniki.

Bayan kusan ƙarni biyu, a wajajen 1530, William Tyndale ya fassara littattafan farko na Attaura zuwa Turanci. Da ya zo kan shugabannin aikin da Fir'auna ya ɗora a kan Bani Isra'ila, sai ya kira su *taskmasters*. Labarin da ke wurin ya nuna zuciyar kalmar sarai. An hana bayin ciyawar da ake cuɗa ƙasar tubali da ita, irin wadda maginanmu ke kira ramno, aka ce su je su nemo da kansu, amma kada adadin tubalin yini ya ragu ko da ɗaya.

Rubu'in eka a fadamar shinkafa

Inda kalmar ta fi yin nauyi shi ne a gabar tekun Karolina ta Kudu da Jojiya a Amurka, a ƙarni na 18 da na 19. A can bayin da aka kwaso daga Afirka, da 'ya'yansu da jikokinsu, suka noma shinkafar da ta azurta birnin Charleston.

A gonakin rake da yawancin gonakin auduga, ana kora bayi ne a garke, daga fitowar rana zuwa faɗuwarta, mai bulala yana biye. A gonakin shinkafa kuwa wani tsari aka bi, wanda ake kira *task system*. Da safe wani bawa da aka naɗa shugaban aiki zai nuna wa kowa yankinsa. Ga aikin fartanya, ma'aunin da aka saba shi ne rubu'in eka, fili mai kimanin mita 32 a kowane gefe. Ka gama, yininka ya zama naka. Ba ka gama ba, bulala. Ma'aunin ya zauna daram har kalmar *task* ta koma sunan awon fili a yankin, mutum ya ce gonarsa *task* kaza ce.

Ba tausayi ne ya kawo tsarin ba. Fadamun cike suke da sauro da zazzaɓin cizon sauro, masu gonakin kan tsere birni da zafi ya shigo, kuma aikin da aka auna ya fi sauƙin dubawa daga nesa. Mutuwa a gonakin shinkafa, musamman ta jarirai, tana cikin mafi muni a kudancin Amurka.

Duk da haka bayin sun mayar da ma'aunin abin kare kai. Mai ƙarfi kan gama da tsakar rana ko bayan azahar, ya taya matarsa ko tsohonsa, sannan ya wuce 'yar gonarsa. Sun shuka masara da dankali, sun yi kiwon kaji da aladu, wasu har dawakai. Idan ubangida ya nemi faɗaɗa ma'aunin da aka gada, yakan gamu da turjiya, aiki ya lalace ko mutane su shige daji. Shaidar dukiyar tasu ta fito fili bayan yaƙin basasa: da gwamnatin Amurka ta kafa hukumar biyan diyya a 1871, 'yantattun bayi na gundumar Liberty a Jojiya sun zo da ƙorafin dawakai da shanu da hatsin da sojojin Janar Sherman suka kwashe musu a 1864, maƙwabta suka tsaya musu shaida. Masanin tarihi Philip Morgan ya yi nazari a kan wannan a farkon shekarun 1980.

Mai karatu da ya san tarihin ƙasar Hausa zai ji wani abu ya motsa. A rinjin ƙarni na 19 bayi kan yi aikin gandun ubangida har zuwa wajen azahar, sannan kowa ya koma gayaunarsa, kamar yadda Baba ta Karo ta ba da labari a littafin da Mary Smith ta wallafa a 1954. Bambancin shi ne a nan da lokaci ake awo, can kuwa da faɗin fili. Akwai kuma murgu, inda bawa ke zuwa ya yi sana'arsa yana biyan ubangida wani yankakken kuɗi. A murgu, aiki ya rikiɗe ya zama haraji a zahiri, ba a kalma kawai ba.

Mutumin da ya zo da agogo

A 1911 wani injiniya ɗan Filadelfiya, Frederick Winslow Taylor, ya wallafa littafi kan abin da ya kira gudanar da aiki bisa kimiyya. A ciki ya ɗauki *task* a matsayin ginshiƙin tsarinsa. A ganinsa bai kamata a bar ma'aikaci ya tsara aikinsa ba. Ofis ne zai auna kowane motsi da agogon daƙiƙa, ya rubuta wa mutum abin da zai yi gobe, yadda zai yi shi, da mintocin da zai ɗauka.

Misalinsa da ya fi shahara ya faru ne a masana'antar ƙarfe ta Bethlehem a 1899. 'Yan dako suna loda curin baƙin ƙarfe a taragon jirgin ƙasa, kowane curi kimanin kilo 42. A cewar Taylor, kowane mutum yana loda tan 12 da rabi a yini. Bayan awo, sai aka yanke cewa ya kamata ya loda tan 47 da rabi, wato curi 1,156. Aka zaɓi wani ma'aikaci da Taylor ya laƙaba wa suna Schmidt, aka ce idan ya cika, ladansa zai tashi daga dala 1.15 zuwa dala 1.85 a yini.

Ɗauki biro mu yi lissafi tare. Aiki ya ninka kusan sau huɗu. Lada ya ƙaru da kusan kashi 60 cikin ɗari. A da, kowane tan yana kawo wa ɗan dako kimanin santi 9. A sabon tsari, bai kai santi 4 ba. Mutumin ya koma gida da kuɗi fiye da jiya, gaskiya ne, amma an karya farashin guminsa fiye da rabi. Taylor da kansa ya amsa cewa mutum ɗaya cikin takwas ne kawai a rukunin ke iya jure wannan ma'auni.

Akwai kuma darasi ga duk mai son kimiyya. A 1974 wasu masu bincike biyu, Charles Wrege da Amedeo Perroni, suka koma kan ainihin rahoton aikin, suka gano cewa labarin da Taylor ya yi ta bayarwa ya sha gyara, kuma adadin ya samo asali ne daga ɗan gajeren gwaji da aka yi da zaɓaɓɓun ƙarfafa. Kasancewar lamba ta fito daga agogo ba ya nufin an auna ta da adalci. Ma'aikatan wancan zamani ma ba su jira masu bincike ba. A 1911 maƙeran ma'ajiyar makamai ta Watertown suka yi yajin aiki saboda an tsaya musu a ka da agogo, majalisar dokokin Amurka ta yi bincike, kuma a 1915 ta hana a kashe kuɗin soja wajen irin wannan awo.

Daga masana'anta zuwa wayarka

Bayan Taylor kalmar ta bazu ko'ina. Sojan ruwan Amurka ya fito da *task force* a farkon shekarun 1940, rundunar da aka haɗa don wani aiki guda, sunan da yau kake ji a bakin jami'an tsaro da na kan titi. Masu kwamfuta suka ɗauke ta a shekarun 1960 suka ce *multitasking*, yadda na'ura ke raba lokacinta tsakanin ayyuka da yawa. A hankali kalmar ta yi laushi, har mutum ya rubuta wa kansa *task* na sayo burodi.

Amma tsohuwar ma'anar ba ta je ko'ina ba. A 2005 kamfanin Amazon ya buɗe wani dandali mai suna Mechanical Turk, inda ake yanka aiki ƙanana-ƙanana, kamar tantance hoto ko rubuta abin da aka ji a murya, a biya 'yan santi kan kowane ɗaya. Sunan ma abin lura ne. An aro shi daga wata na'urar wasan dara irin ta Turawa da Wolfgang von Kempelen ya nuna a 1770, wadda ake zaton ita ke tunani, alhali mutum ne a ɓoye a cikin akwatin. Babban rumbun hotunan nan na ImageNet, wanda ya buɗe ƙofar ci gaban ƙirƙirarriyar basira ta zamani, dubban mutane ne suka tantance hotunansa ta wannan dandali.

Nawa suke samu? Wani bincike da aka wallafa a 2018 ya bi diddigin ayyuka miliyan 3.8 na ma'aikata 2,676, ya gano cewa matsakaicin abin da mutum ke samu bai wuce kimanin dala 2 a awa ba, kuma kashi 4 cikin ɗari ne kawai suka haura mafi ƙarancin albashin Amurka na dala 7.25. Babban dalili shi ne lokacin da ba a biya: neman aikin, karanta umarni, da aikin da aka yi aka ce bai karɓu ba. Tubali ne ba ramno, adadi kuma yana nan. A farkon 2023 mujallar Time ta ruwaito cewa ma'aikata a Kenya da suka tantance munanan rubuce-rubuce don tsabtace ChatGPT suna karɓar ƙasa da dala 2 a awa.

Wannan ya shafe ka kai tsaye, domin irin ayyukan nan sun iso harsunanmu. Ana neman masu naɗar murya da Hausa, masu fassara jimloli, masu duba amsar da na'ura ta bayar. Wasu na gaskiya ne kuma suna biya. Wasu kuwa damfara ce tsagwaronta, irin waɗanda za a ba ka 'yan kuɗi kan danna hotuna, sannan a ce sai ka zuba naka kafin a buɗe maka babban *task*. Duk aikin da aka ce sai ka biya kafin ka yi shi, ya tashi daga aiki, ya koma can asalin kalmar.

Ɗan ƙwadagon ƙauye ya san wani abu da ya kamata mu riƙe. Idan aka kira shi jingar noma, ba ya yanke kuɗi daga gida. Sai ya je ya ga gonar, ya taka ta daga kunya zuwa kunya, ya duba ko ciyawar ta yi ƙarfi, ya tambaya ko da abincin rana, sannan a yi ciniki. Kafin ka karɓi *task* na gaba a intanet, yi kamar shi. Gwada guda goma da agogo a hannunka, ka haɗa har da lokacin jira da kuɗin data, ka raba ka ga nawa awa ɗaya ta kawo maka. Ka kuma tambaya, idan aka ce aikinka bai karɓu ba, wa ke yanke hukuncin, kuma ko kana da inda za ka kai kuka.